Sawun shanu a jingar Kawu Tunau

Hannuna na cikin rami har kahwaɗa, ina tura buhun ƙasa ruwa na turo ni, sa'adda nit tuna abin da Inna tac ce da sahe: damina bakwai ke nan ba Kawu Tunau. A bayan jingar dam ɗinmu nike, gwiwa cikin taɓo. Garba, babban ɗan Kawu, shina bisa shina ihu a kawo buhu, a kawo buhu, kamar buhu tsirowa shike a gona. Ruwan da ke hitowa ramin nan ja ne jawur. Kawu ya sha hwaɗa mamu, in ka ga jinga na tsattsaho da ruwa garai-garai, zuhwa take yi, bar ta. In ka ga ya hito da ƙasa, to cikinta take ci.

Cikinta take ci ranar nan, ina ji da yatsuna.

Sunana Hashimu. Kawu Tunau yayan Inna ne, shi yar riƙe mu bayan rasuwar babanmu. Daga aji biyu na sakandare nib bar boko, ba don an kore ni ba, zama ne ba ni iyawa. Na yi kabu-kabu a Sakkwato, na sai da shayi a Agadas, na shiga ramin zinari na hito da tari, na yi dako a Ikko. Kawu bai taɓa kirana da sunana ba, sai ƙahwar kare. In na dawo shi dube ni daga sama har ƙasa shi ce, "To, ƙahwar kare, wane gari kuma kab baro lahiya?" Sannan shi miƙa mani shebur, kamar jiya nit tahi.

Garinmu na bisa tudu, can bayan Tozai. Hwaƙo ne da tsakuwa. Ruwan sama in ya sauka ba shi tsayawa gaisuwa, gangarawa shike shi tahi gulbi shi bar mu da gero ɗan kaɗan. Da, in an kai amfanin gona gida, duk namijin da ke da ƙahwa shina tahiya cin rani, gari shi zama na mata da tsohwahhi. Akwai wani kwari tsakanin duwatsu biyu inda masu aikin hanya sunka taɓa ɗibar jan ƙasa sunka bar rami. Tun kahin a haihe ni Kawu yac ce a tare bakin kwarin ga da jinga, ruwa shi kwana. Anka yi mai dariya, amma anka yi gayya anka tara ƙasa. Damina tana zowa ruwa yak kwashe ta duka.

Duka, sai wuri guda. Wani ɗan yanki yat tsaya cak tsakiyar ɓarna. Inna ta ce Kawu ya wuni tsugune gaban yankin nan har mutane sunka hwara cewa baƙin ciki ya taɓa mai kai. Ashe dubawa shike. Nan ne shanun Ardo Jabbi ke bi su ƙetare kwari in za su kiwo, sahe da marece. Kohwatonsu ya kirɓe ƙasar har ta koma kamar daɓen ɗaki. Kawu yat tashi, bai biya gida ba, yam miƙe ruga.

Daga nan anka samu abin da muke kira ranar shanu. Kowace bazara, in ruwan dam ya ja baya, gari shi hito gayya. A zuba ƙasa bisa jinga, amma ba da yawa ba, kauri kamar tahin hannu. Mata su yayyahwa ruwa. Sannan a koma gehe, Ardo shi koro garke, su bi bisa jinga su kai ƙarshe, a juyo su, su dawo, a sake juyo su, har sai Kawu ya caka tsinin sanda ya ga ba ta shiga. Sannan a ƙara wata ƙasar. Haka za a yi ta yi kwana da kwanaki. Mu kuma abin da muke biya shi ne, gehen gabas na dam mashaya ce, ba mai dasa ko tushen albasa guda cikin burtalin da ke zuwa can. Ba takarda, ba sa hannu. Kawu da Ardo ne sunka yi magana ƙarƙashin wata aduwa, shi ke nan.

Ba su iya aiki ba tsiya, su biyun nan.

"Ardo, shanunka sun rame bana," in ji Kawu. "Ko nauyin akuya ba su da."

"Kaɗo, kai dai zuba ƙasa. Ramammiyar nagge ta hi ƙaton Bagobiri nauyi."

"Ka ciyar da su mana."

"Ka bar mani albasarka dare guda ka gani."

Ɗan Ardo, Labbo, sa'ana ne. Shi ke gaban garke, ni ke baya da tsumagiya, ƙura ta cika mamu baki. Shi yak koya mani hito da yatsa biyu, ni nik koya mai tuƙa mashin, yak kai mu cikin hwangalin tattasai mu duka.

Dam ɗin ba wani babba ba ne, mai ƙarhi na jehwa dutsi shi kusa ƙetarewa. Amma shi yat tsai da maza gida. Albasa, tattasai, attarugu, wasu har alkama. Motoci na zuwa daga Isa da Sabon Birni su yi lodi. Da albasar dam ɗin ga anka yi wa ƙannena mata kayan ɗaki. Ni kaɗai ne bai tsayar ba. Kawu ya yanka mani hwangali har sau nawa, ina dasawa, kahin ta yi kai na ji labarin wani gari na tahi. Bai taɓa zagina ba. Sau guda dai yac ce mani, "Yi ta yawonka. Amma ka sani, mai yawo ma sai da gida shike yawo. Wanda ba shi da wurin komawa, sunanai ɗan gudun hijira."

Lokacin dariya niy yi.

Ciwon ciki ne yaɗ ɗauke shi, hwarkon damina, gero na kai gwiwa. Allah Ya sa ina gida. Ardo Jabbi na cikin waɗanda sunka ɗauki makara. Da anka ruhe kabari anka kwaɓa ƙasa, Ardo yad durƙusa shina dannawa da tahin hannu, shina dannawa, har liman yat taɓa mai kahwaɗa. Ardo yat tashi shina share hannu ga riga, yac ce, "Tunau ba shi son sakakkiyar ƙasa." Ba wanda yay yi dariya.

Yau mutane na cewa Allah Ya ruhwa wa Kawu asiri, bai ga zamanin ga ba. Duk wanda ke tsakanin Isa da Sabon Birni ya san abin da nike nuhi, ba sai na ja zance ba. Mutanen daji sunka hwara da shanun huɗa, sunka koma kan mutane. Bayan rasuwar Kawu da damina biyu anka harbe Aminu, autanai, shina noma, galma na hannunai. Matatai na da ciki.

Ba mutanen Ardo Jabbi ba ne. Kowa ya san haka, don shi kanshi an kore mai rabin garke. Amma wanda maciji yas sara, in ya ga baƙin tsumma gudu shike. Samari sunka ɗau gora da bindigar toka, Garba na gaba. Ni ina Agadas, labari nij ji. An ce tsohwahhi sun tare hanya, ba a zubar da jini ba, amma an aika wa Ardo kada rana ta sake hwaɗuwa shina nan. Da gari yaw waye ruga ba kowa, sai turaku da toka. Sunka ƙetara Nijar. Can Ardo yar rasu, mu ba mu je gaisuwa ba. A ranin nan anka raba burtali, anka dasa albasa har bakin mashaya. Da nid dawo Garba yan nuna mani nawa rabon, nik karɓa, albasar kuwa ta yi kyau, don ƙasar ta sha taki shekara da shekaru.

Ba mu bar gyaran jinga ba, kada wani shi ce ragwanci ne. Kowace bazara ana hita. Amma dam na bayan gari, kuma ba mai son la'asar ta same shi bayan gari yanzu. Aikin da ake yi kwana da kwanaki, sai a yi shi wuni guda. A jibga ƙasa har ƙugu a tashi ɗaya, a bubbuga samanta da madaɓi, a taka da ƙahwa, a gudu gida. Wata shekara anka koro jakuna da awaki, sunka watse. Wata shekara ni da kaina nih hau da mashin ina kai da komo, yara na tahi. Sama ta yi sumul, gwanin kyau. Sauri ya haihi nawa. Jingar ta hi ta zamanin Kawu tsawo yanzu, baƙo in ya gani sai shi yaba. Cikinta kuwa kamar garin tuwo ne. Gahiya na haƙa ta kamar tana haƙa tulin dusa.

Shi ne ranar nan, bayan ruwan da anka kwana ana yi, taɓ ɓule ta baya.

Mun toshe. Buhu, duwatsu, kara, har tabarmar wani. Da munka ga ba ta isa, Garba yac ce a sare mahitar ruwa a rage mata nauyi. Munka tsaya muna kallon ruwan da za mu yi noman rani da shi shina bin kwari shina tahiya, kamar yadda shike yi kahin a haihe mu. Wani tsoho yaz zauna bisa dutsi yar ruhe huska da hula.

Da ruwa yas sauka munka haƙa wurin ɓular don mu cike ta da kyau. Shebur na shiga kamar cikin tuwo. Muna ta yi ƙasa, muna ta yi ƙasa, sai diga tay yi tsalle a hannuna, ƙarar ta kamar na sari dutsi. Nis share da hannu. Mun kai ƙasar Kawu. Kuma ga su nan, sawun kohwato, ɗaya bisa ɗaya, sun bushe cikin jan ƙasa, kamar jiya garken yaw wuce. Ruwa ya bi ta samansu ya cinye duk abin da munka zuba shekara biyar, su ko gezau.

Garba ya gani. Ya daɗe shina kallo.

Garba taubashina ne, ni ɗan mace shi ɗan namiji, da ba mu haɗuwa ba mu yi tsiya ba. Rabon da mu yi wasa tun rasuwar Aminu. Amma ranar nan nic ce bari in gwada ta hanyar wasa.

"Ɗan namiji, ka ga aikin ramammun shanu."

Yaj juya mani baya.

"Ina da lambar Labbo," nic ce. "Na haɗu da shi tashar Maraɗi bara. Shina da sauran shanu."

Yaj juyo. "Ɗan mace, maimaita."

"In jingar ta kai mu kaka, bazara mu kira su. Kwana kaɗan ne. Ban ce su dawo da zama ba."

"Kana da lambar Bahillace cikin wayarka."

"Lambar Labbo."

"Ka san sunan da ake kiran mai irin wagga lamba a garin ga?"

Na sani. Infoma. Kuma na san abin da ake yi wa wanda anka liƙa ma sunan, ba a kai shi gaban alƙali.

"Ubanka da ubanai..." nih hwara.

"Kada ka sa ubana ciki," yac ce, a hankali, ba ihu. "Ubana bai ɗauko Aminu cikin amalanke ba. Ni niɗ ɗauko shi. Kai kana Agadas kana dama shayi." Yaɗ ɗau shebur ɗinai. "Don Inna nike hwaɗa maka, share lambar ga. In wani yaj ji, ba ni iya tare maka."

Tun ranar nike tambayar kaina mi Kawu za shi ce. Da sauƙi in rubuta cewa da shina nan da ya miƙe ruga kamar wancan karon. Masu rai sun iya sa wa matattu magana a baki. Amma Aminu ɗanai ne, auta, wanda shike ɗorawa bisa wuya ranar shanu. Ban san abin da ganin gawar ɗa ke yi wa mutum ba, kuma ba ni rantsuwa cewa Kawu ya hi Garba zuciya. Wataƙila da shi ma ya ɗau gora. Abin da nis sani kaɗai, Kawu mutum ne mai tsugunawa shi dubi ƙasa har ta gaya mai gaskiya, ko gaskiyar ba ta yi mai daɗi ba. Da ya ga sawun nan, da ya ga garin ƙasar da munka jibga bisansu, ba shi cewa a ƙaro buhu.

Jingar ga ba ta ƙara damina biyu haka. Ba sai injiniya ya hwaɗa ba. In tat tahi da dare, akwai gidaje gangare. In ma Allah Ya tsare rai, ba ruwa ba albasa, kuma gonakin nesa dama an bar su, ba mai zuwa. Dam ɗin ga kaɗai yar rage da ke riƙe mutane. Na ga 'yan garuruwan da sunka watse, na gan su Isa, na gan su Sabon Birni, na gan su ƙetare, suna kwana makaranta da rumhunan kasuwa, dattijo mai rumbu uku shina bin layi da kwano. Inna ta ce ita ba ta zuwa ko'ina, kusa da yayanta za a sa ta. Ni kuwa da nike ganin ba abin da ke ɗaure ni, sai yanzu niƙ ƙare gane maganar Kawu. Duk garin da nis sauka, in an ce daga ina, ina da amsa. Ban san ƙaƙa yawo shike ba in ba amsar.

Mi yar rage na Kawu Tunau bayan damina bakwai? Ba gida, don ɗakinai ya zube. Ba suna, don yaran da ke tasowa dam kawai suke cewa. Aduwar da sunka zauna ƙarƙashi shi da Ardo an sare ta an yi gawayi. Abin da yar rage na ƙarƙashin ƙasa, inda ba mai gani sai an haƙa, kuma ba shi kaɗai yay yi shi ba. Rabi hannunai, rabi kohwaton shanun wani. Shi ke riƙe da mu har yau, mu da munka kori masu shanun.

Ban share lambar ba. Na san tsuntsun da yaj ja ruwa shi ruwa ka duka. Shi yas sa nike rubuta wanga a jarida, inda kowa ka gani, Garba ma a karanta mai: kada gobe wani shi ce a ɓoye niy yi, ko wani abu daban nic ce. Na hau dutsin da ake samun sabis, da rana tsaka, mutane na wucewa, nid danna lambar Labbo nib bar mai saƙon murya. Har yanzu bai amsa ba, ban ma san ko ya saurara ba. Ga abin da nic ce, ban rage ba ban ƙara ba:

"Labbo, jam? Hashimu ne, ƙahwar kare. Ya shanu, ya su innarka, Inna Wuro. Ban yi maka gaisuwar Bappa Ardo yadda ta kamata ba, ranar tasha kunya ta hana ni. Allah Shi jiƙanai, Shi haɗa su da Kawu inuwa guda. Labbo, jinga ta ɓule. Mun haƙa mun iske sawun shanunku, nan kaɗai ne ruwa bai ci ba. Ba wanda ya aiko ni, kada ka ce gari ne ke kira, gari bai kira ba, Garba ma ya ce kada in yi. Ba ni yi maka ƙarya in ce ba abin tsoro. Amma hwangalin da anka ba ni cikin burtalinku shike, bana ba ni dasa komi ciki, za ni bar shi buɗe har bakin mashaya, kowa shi gani. In Allah Ya kai mu bazara, in ka ga za ka iya, ko guda goma ne ka koro. Za ni taro ka tun daga iyaka. Wancan lokaci kai ke gaba ni ke baya. Wanga karon ni ka shiga gaba, duk abin da za shi samu garken shi hwara da ni. In kuma ba ka zuwa, wallahi ban ga laihinka ba. Ka dai aiko mani ko kalma guda, in san ka ji."